Filas Ɗin Tsohuwa a Bakin Teku

Ina gyangyaɗi a bakin teku a tsibirin Texel da la'asar, na ji wata tsohuwa tana yi wa wani uba magana, 'yarsa na kuka riƙe da ƙafa.

"Ɗana, ajiye ƙanƙarar nan. Kifin cikin yashi ne ya soke ta, dafinsa ruwan zafi yake tsoro. Miƙo bokitin wasanta."

"Kaka, ai shayinki ne!" in ji uban, ganin tana buɗe filas ɗinta.

"Wane shayi? Ruwa ne zalla. Taɓa tukuna, kada ya ƙona ta."

Aka tsoma ƙafar yarinyar cikin ruwan bokitin, can kukan ya lafa.

Uban ya ce, "Kullum kike yawo da filas?"

"Tun ranar da irin kifin nan ya soki ɗana Wouter, na tsaya ina kallo, na rasa abin yi."

"Yana ina yanzu?"

"Ƙetaren ruwan nan, har ya yi furfura. Ni dai har yau ina hango shi yana gudu a nan, ba takalmi."