Hanyar Mota Ta Tsaya a Daudawa

Assalamu alaikum, Malam mai karanta wasiƙu. Ni ce Hajara, daga wani ƙauye kusa da Ruwan Godiya, wanda kakanninmu marina suka kafa tun Daudawa ba ta yi suna ba. Bara aka kai wa mutanen Daudawa hanyar mota, mu kuwa har yau jaki ke kai audugarmu kasuwa. Ƙanwata da ke aure can ta zo tana dariya, ta ce, "Yaya, har yanzu jaki?" Na kasa ce mata Allah ya sanya alheri. Kwanan nan ina bisa sallaya aka ce ruwa ya cinye gadar hanyarsu, sai na ji sanyi a raina. Malam, da wace zuciya zan je mata jaje?