Bangon da Aka Manta

A tasha, mota ta ƙi cika. Wata matashiya mai zuwa gwajin ɗaukar malaman kimiyya ta duƙufa kan takarda tana ta tsaki, wani dattijo magini a gefenta yana leƙe.

"'Yata, me takardar nan ta yi miki?"

"Baba, awon sarari nake fitarwa, yadda yake barin ƙarfin lantarki ya ratsa shi. Ya ƙi fita, ga gwaji ƙarfe biyu."

"Sararin da babu komai a cikinsa? To, karanto mini."

Ta so ta share shi, sai ta ji nauyin furfurarsa. "Littafi ya ce tsawo sau uku. Ni sau biyu nake samu."

"Ai sau ɗaya igiya ce, sau biyu daɓe, sau uku ɗaki. Kin yi daɓe kin manta bango. Duba dai, wani ya ɓoye miki shi."

Ta bi layin lissafin da biro. Tazarar da ke ciki ta ba da tsawo sau biyu. Ƙarfi kuwa, da ta warware shi, ashe da nasa tsawon a ciki, na ukun ke nan!

"Baba, ga bangon!"

"Shekara arba'in ina gina sarari. Mutane bulo suke yabawa, alhali inda babu komai suke kwana."

"A ina ka yi karatu?"

"Daga aji uku aka cire ni." Ya gyara jakar kayan aikinsa. "In sun ɗauke ki, ɗalibin da ya zauna can baya ya yi shiru, kar ki ce bai sani ba. Ki tambaye shi."