Ƙuri'ar da Aka Hana Wiesehahn

Jan fure, kek, da katin jam'iyyar ma'aikata: abin da wani tsoho ya riƙo ke nan a jirgin ƙasa mai zuwa Bottrop, a Jamus. Matar gefensa ta tambaya ko biki ne.

"Ban haƙuri za ni, 'yata. Shekara talatin ina zaɓen Wiesehahn majalisa. Bana na ƙi, don an rufe mana ramin haƙar kwal yana kallo. Sai ya faɗi."

"Ai yana majalisa, Baba. Jam'iyya na da jerin sunayen da take cike kujerunta da su ko sun faɗi a mazaɓa, ta nan ya shiga."

"Ya faɗi, kuma ya shiga?"

"Duka biyun."

"To ramuwar da na yi fa?"

Tasharsa ta zo. Ƙofa ta buɗe, ta rufe, yana zaune.

"Gida zan koma. Sai na san jaje zan yi ko barka."