Maganar da Basira Ta Hana a Yanke

Shugaban wannan taro, mai girma perefen Illela, magajin garin Tajaye, malamanmu, iyayenmu mata, da dukan jama'ar da ta cika wannan fili, assalamu alaikum.

Ni Badaru mai shirya fim, ina godiya da kuka ba ni damar magana a ranar karrama Basira 'yar Tajaye, wadda ta shekara goma sha biyu tana fitowa a finafinaina.

Da farko, ku sani ba ni na koya mata wasa ba. Ranar da na zo neman wadda za ta fito a matsayin matar ɗan ci-rani, na tarar da ita tana gyaran rumbu. Na ce za ta zauna bakin ƙofa ta yi kuka. Ta dube ni ta ce, "Malam Badaru, in na zamna kuka, wa za shi nome min gero?" Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Na ajiye takardata, na bi ta gona da kamara.

A can, tana riƙe da hauya, ta faɗi abin da ban rubuta ba. Ashe mijinta Lurwanu ya shekara shida a ci-rani, ba saƙo, ba labari. Ta ce, "Ban ce shi aiko komi ba. Shi kira dai, ɗiyanshi su ji muryarshi."

Yayan mijin ya same ni har Konni, ya ce ta tona asirin gida, sai a yanke wurin. A gabanku nake faɗa, na tsorata, na amsa masa. Da na gaya wa Basira, ta ce, "In ka yanke wannan, ka yanke ni duka." Aka bar maganar. Shekara biyu dangin mijin ba su taka gidanta ba, a kasuwar Illela kuma ana nuna ta da baki.

Fim ya yi yawo daga waya zuwa waya, har Agadas, har Abijan. Mata a Malbaza, mata a Tajaye, sun tare ni sun ce mazajensu sun kira. Lurwanu bai kira ba, har yau. Bayan ta yi finafinai biyar, na tambaye ta ko ta yi nadama. Ta ce, "Wata rana nakan yi. Amma ran da wayar maƙwabciyata ta yi ƙara, na ji murnar ɗiyanta ta bayan darni. Bai ishe ni ba, amma na ji."

Jama'a, wadda muka taru dominta ke nan.

Allah Ya saka wa Basira, Ya raya mata 'ya'yanta, Ya dawo da matafiyanmu lafiya, Ya ba mu damina mai albarka, Ya maida kowa gidansa lafiya.

Na gode.