Yadda Aka Yafe Mana Bashin Masakwa

'Yan'uwa, na gaishe ku cikin sunan Yesu Almasihu Mai Cetonmu. Ku yi haƙuri da ni, ban saba tsayawa gaban ikilisiya ba.

Da na dawo daga jami'a aka ba ni koyarwa a nan Jimeta. Kawuna Filibus, wanda ya riƙe ni tun ina ƙarami, yana da fadama a Vinikilang, ƙetaren Binuwai. Ni na ba shi shawara mu karɓi rancen gona na gwamnati mu dasa masakwa da yawa. Ga wanda bai sani ba, masakwa dawa ce da ake dasawa bayan ruwa ya janye daga fadama, ta yi girma da rani ba tare da ruwan sama ba. Da sunana aka karɓi rancen, amma fadamar kawu ce jingina.

Sai aka yi fari. Kogi bai cika ba, fadama ba ta sha ba. Dashenmu ya tsaya cak, ya bushe.

Daga baya muka ji a rediyo cewa gwamnatin jiha za ta yafe bashin manoman da fari ya lalata wa amfanin damina. Mutane na murna, ni kuwa tambaya ta kama ni. Shin masakwa amfanin damina ce? Bayan damina ake dasa ta, da rani ake yanke ta. Amma kuma danshin da take rayuwa a kai, in ban yi kuskure ba, damina ce ta bar shi a ƙasa. In na nemi a yafe mana alhali ba ta ciki, na yi ƙarya ke nan. In ban nema ba, fadamar kawu ta tafi.

Wani abokin aikina ya ce, "Kai dai ce gero ka shuka. Wa zai hau kwalekwale ya je ya duba?" Wannan magana ta daɗe tana yi mini yawo a kai.

Na rame, na daina zuwa Vinikilang. Rannan kawu ya tare ni a kasuwa ya ce, "Yohanna, dorina ce ta tsare maka kogi?"

A taron addu'a na ranar Laraba na durƙusa a bencin can na baya. Na ce, "Ya Ubangiji, ban san amsar ba. Ka raba ni da ƙarya, ka raba ni da tsoro." Ba zan ce na ji murya ba, don ban ji ba. Zuciyata dai ta kwanta, na ga cewa tambaya ba laifi ba ce.

Da safe na tafi ofishin gona a Yola. Jami'in da na tarar, Malam Bukar, mutumin Barno ne. Na yi ta kewaye-kewaye, wataƙila kaza, mai yiwuwa kaza, har ya gaji.

Ya ce, "Malam makaranta, me ka shuka?"

Na ce, "Masakwa, ranka ya daɗe. Amma ban tabbata ba ko..."

Ya fashe da dariya. "Waɗanda suka yanke shawarar nan a Yola, da tuwon me kake tsammani aka yaye su? Ruwan damina bai zauna a fadama ba, masakwa ta mutu. Ai tana ciki. Amma sai na gani da idona."

Ashe ana ƙetarawa a duba! Ya zo da kansa, ya zaga fadamar, ya ga busassun kara a jere. Da gero na ce, 'yan'uwa, me zan nuna masa? Yabo ga Ubangiji!

An ɗauki lokaci, amma an yafe bashin duka. Da na gaya wa kawu, ya cire hula, sannan ya ce, "To, sai mu fara neman iri."

Na gode wa Allah. In akwai wanda tsoro ya ɗaure wa baki a cikinmu, ya kai wa Yesu, sa'an nan ya tashi ya faɗi gaskiyarsa. Ubangiji ba zai bar shi ba. Amin.