Madubin Murya

A tashar Rano, cikin motar Kibiya, wata dattijuwa tana riƙe da wani madubi mai mayar da sauti zanen haske. Mutumin gefenta ya gama waya, ya juyo a fusace.

"Hajiya, kife abin nan! Ina magana yana tartsatsin ja, kowa na kallona."

"Ba zan kife ba, Malam. Kunnena ya mutu, da shi nake karanta magana. Kai ba ka ji kunyar tsawar da kake yi ba?"

"Tsawa? Mahaifina ne fa! Ba ya ji sai na ɗaga murya, kuma ya ce raini ne."

Ya ƙura wa madubin ido, ya ga jan ya dushe.

"A ina ake samunsa?"

"A Kano. Amma in ba ka sassauta murya ba, ja mahaifinka zai gani."