Ina Neman Labarin Baturen da Ya Koya Muna Kurket

Assalamu alaikum Malam mai gabatarwa. Ni ne Garba Tambuwal, malamin firamare a Kebbe.

Muna makaranta a Sakkwato, wani Bature ya koya muna kurket, wasan buga ƙwallo da sanda. A Ingila ya buga wa lardinsu wasa, sai ciwon gwiwa ya maishe shi koyarwa. Da babana ya hana ni zuwa gasar Kaduna, Baturen nan ya taho har Tambuwal, ya tuɓe takalmi, ya durƙusa da ƙyar, ya ce, "Baba, ara mini Garba." Baba ya yi dariya, ya yarda.

Da munka samu 'yancin kai Baturen ya koma gida, shiru har yau. Wallahi ina kewarsa. Jama'a, duk wanda ya san inda yake, ya faɗa mishi Garba na gaishe shi.